Free Fire ko eFootball ba tare da intanet ba: me ke yiwuwa, me ke damfara?

Duk wanda ke zama a fada da dare, a Maraɗi ne ko Damagaram ko Tawa, ya san wannan yanayin. Shayi na kan wuta, samari sun duƙa a kan salula, wasa ya yi zafi, sai saƙo ya shigo cewa forfe ya ƙare. Ko kuma rezo ya ɗauke, ɗan wasanka ya tsaya cak a tsakiyar fili har aka harbe shi. Daga nan sai wani ya ce ai shi ya san mai gyaran waya da ke saka Free Fire wadda ba ta buƙatar koneksiyon, dala ɗari kawai za ka ba shi.

To, shin da gaske akwai irin wannan? Amsar a taƙaice ita ce: wasu wasanni suna tafiya ba intanet, wasu suna tafiya rabi da rabi, wasu kuma babu dabarar da za ta sa su tafi. Sanin bambancin nan shi zai hana a ci kuɗinku a banza, ko a sace muku abin da ya fi kuɗin forfe tsada.

Me ya sa wasan yake neman intanet?

Mutane da yawa suna ɗauka cewa da zarar ka sauke wasa, to gaba ɗayansa yana cikin wayarka. A wasanni irin su Free Fire da PUBG Mobile da Clash of Clans ba haka abin yake ba. Abin da ke cikin wayarka hotuna ne da sauti da taswirar fili da maɓallan da kake dannawa. Hukuncin wasan kuwa yana can cikin manyan kwamfutocin kamfanin, waɗanda ake kira saba, a wata ƙasa mai nisa.

Ku ɗauki Free Fire, wadda kamfanin Garena na ƙasar Singafo ya fitar a 2017. Mutum 50 ne ake zubawa a tsibiri guda, kowa da wayarsa, wani a Yamai, wani a Kano, wani a Abijan. A PUBG Mobile, wadda ta fito a 2018, adadin ya kai 100. Duk lokacin da ka matsa ko ka yi harbi, wayarka tana aika labari ga saba. Saba ce ke haɗa labarin kowa da kowa, ta yanke cewa harsashin wane ya riga na wane, sannan ta maido wa kowa sakamako. Wannan kai da komo yana faruwa sau da yawa cikin daƙiƙa guda.

Kamar kokawa ce. Kana iya motsa jiki a gida, ka ɗaura laya, ka yi kirari, amma takobi ba ya samuwa sai ka shiga fili, ga abokin karo, ga alƙali yana kallo. Idan aka yanke intanet, an ɗauke abokan karon, an ɗauke alƙalin. Abin da ya rage a wayarka filin ne kawai, ba kowa ciki.

Akwai dalili na biyu, wato dukiyar da ke cikin wasan. Diyamon na Free Fire, ƴan ƙwallon da ka tara a eFootball, zinariyar ƙauyenka a Clash of Clans, duk a littafin kamfani aka rubuta su. In mai kanti ya rubuta cewa yana bin ka jika biyu, ka je gida ka rubuta a naka littafin cewa ka biya, bashin bai goge ba. Shi ya sa sauya agogon waya, dabarar da yara suka gano tana ƙara musu rai a wasu ƙananan wasanni, ba ta gaggauta gini ko da minti ɗaya a Clash of Clans. Agogon da ake lissafi da shi yana wurin kamfanin Supercell, ba a hannunka ba.

Dalili na uku shi ne tsoron masu kwafar wasa ba izini. Lokacin da kamfanin Nintendo na Japan ya fitar da Super Mario Run a ƙarshen 2016, wasan mutum ɗaya ne, ba ka karawa da kowa kai tsaye, amma duk da haka ba ya tafiya sai da intanet. Kamfanin ya bayyana cewa don kare wasan daga masu satar fasaha ya yi hakan. Sai kuma talla: wasan da ka samu kyauta, da tallan da yake nuna maka yake ciyar da masu shi, tallan kuwa ta intanet yake zuwa.

Wasannin kashi uku ne

Kashi na farko su ne waɗanda komai nasu yana cikin waya. Subway Surfers, wadda ta fito a 2012, da Temple Run suna cikinsu. Haka Ludo King idan kuna bugawa da kwamfuta, ko ku huɗu kuna miƙa wa juna waya guda. Manya za su tuna wasan maciji na Nokia, wanda ya fara fitowa a wayoyin kamfanin a 1997, ba ruwansa da rezo. Ko manhajar Chrome tana da ɗan wasan dabbar nan mai tsalle, wanda aka saka a 2014, yana fitowa ne daidai lokacin da intanet ya ɗauke.

Kashi na biyu su ne masu rabi da rabi. Candy Crush Saga tana tafiya ba koneksiyon, amma sayen kaya da ganin matsayin abokai sai da intanet. Dream League Soccer tana barin ka buga da kwamfuta ba tare da forfe ba, karawa da wani mutum daga nesa ce ke neman rezo. Irin waɗannan sukan nemi intanet a buɗewar farko don su ƙarasa sauke kayansu, bayan nan sai su ƙyale ka.

Kashi na uku su ne waɗanda ba sa ko wuce shafin farko in babu intanet: Free Fire, PUBG Mobile, Call of Duty Mobile, Clash of Clans, da eFootball ta salula, wadda kamfanin Konami ya sauya wa suna daga PES a 2021. A eFootball ko da kwamfuta za ka kara, sai wasan ya fara gaisawa da saba. Waɗannan su ne ake yawan yi wa mutane alkawarin ƙarya a kansu.

Dabarun da ake yaɗawa, da gaskiyar kowace

Ta farko ita ce VPN. Wannan manhaja tana sauya hanyar da bayananka ke bi ne, ba ta ƙirƙiro intanet. In babu forfe, babu rezo, VPN ba ta da hanyar da za ta sauya. A wasan harbi ma sau da yawa jinkiri take ƙarawa, tunda ta tsawaita tafiyar.

Ta biyu ita ce turawa ta Xender ko SHAREit. Wannan tana da amfani na gaske, don tana rage kuɗin saukewa. Amma abin da aka turo maka rabin da ke cikin waya ne. Wasan zai buɗe ya nemi saba kamar kullum, wani lokaci ma ya nemi ka sake sauke manyan fayilolin da ba su biyo turawar ba.

Ta uku ita ce saba ta bayan fage, wadda wasu ke kafawa su kwaikwayi ta kamfani. Ita ma ta intanet ake isa gare ta, kuma abin da ka tara a can ba ya shiga asusunka na gaskiya.

Ta huɗu, wadda ta fi haɗari, ita ce wasan da aka yi wa kwaskwarima, wanda ake yaɗawa a WhatsApp da Telegram da sunan yana tafiya ba koneksiyon, ko yana ba da diyamon marar iyaka. Ɗayan biyu ne. Ko dai wani ƙaramin wasa ne daban aka manna masa suna da hoton na asali, kana harbin mutum-mutumin kwamfuta kai kaɗai. Ko kuma na asalin ne aka buɗe aka cusa masa wani abu. In ka shiga da irin wannan da asusunka, kamfanoni irin su Garena suna rufe asusun, wahalar shekara da shekaru ta tafi kenan.

Abin da za a iya rasawa ya wuce wasa

A yau wayar da yaro ke wasa da ita sau da yawa ta mahaifinsa ce ko ta mahaifiyarsa. A cikinta akwai WhatsApp na kasuwanci, akwai lambobin abokan hulɗa, akwai manhajar aika kuɗi irin su Airtel Money ko Nita ko Amana. Fayil ɗin da ba a san asalinsa ba yana iya zuwa da manhajar leƙen asiri. Masu binciken tsaron waya sun daɗe da gano irin waɗannan, misali wadda ake kira Joker, mai karanta saƙonnin SMS tana yi wa mutum rajistar ayyukan biya ba da saninsa ba. Sai ka ga kiredi yana zurarewa, ka rasa dalili.

Ga alamomin da ya kamata su tsayar da ku. Wasa ya nemi izinin karanta SMS ko lambobin waya ko yin kira: wasan ƙwallo ba shi da aiki da saƙonninka. Aka ce sai ka kashe Play Protect, wato mai gadin da Google ya saka a Android, kafin wasan ya shiga: duk baƙon da ya ce sai ka kori mai gadi kafin ya shigo, ka san abin da ya kawo shi. Wani shafi ya ce ka rubuta sunanka da kalmar sirrinka ta Facebook don a zuba maka diyamon kyauta: asusun ake so. Wani ya ce ka karanto masa lambobi shida da suka shigo wayarka: da su ake ƙwace WhatsApp. Kwaɗayi mabuɗin wahala ne, in ji masu iya magana.

In kun riga kun saka irin wannan fayil, ku goge shi, ku sauya kalmar sirrin Facebook da ta Google da kod ɗin manhajar kuɗi, sannan ku duba ko an yi muku rajistar wani aikin da ke cin kiredi.

Abin da ke aiki da gaske

Na farko, ku tanadi wasannin kashi na ɗaya da na biyu tun kuna da koneksiyon. A Play Store, in kun rubuta sunan irin wasan da kuke so tare da kalmar offline, ko hors ligne ga mai waya da Faransanci, za su fito da yawa. Amma kada ku yarda da rubutun kawai. Ku sauke, ku buɗe wasan sau ɗaya da intanet ya gama ɗauko kayansa, sannan ku danna alamar jirgin sama ku sake buɗewa. In ya tafi, to ya tafi. Wannan gwajin minti biyu ne, kuma ya fi rantsuwar kowane mai gyaran waya. Ƙarin riba: a yanayin jirgi yawancin talla ba ya fitowa, batir ma ya fi daɗewa, abin da ke da muhimmanci ranar da babu kuran.

Na biyu, ƴan fada suna iya karawa da juna ba tare da ko mega ɗaya ba. Mutum ɗaya ya kunna wifi ɗin rabawa na wayarsa, sauran su shiga. Wayoyin sun haɗu kenan a tsakaninsu, wayar guda tana riƙe da matsayin saba. BombSquad tana tafiya haka har mutum takwas, Minecraft ma tana yi, sai dai ita ta saye ce. Sharaɗin shi ne ku kasance kusa da juna, kuma kowa yana da zubi iri ɗaya na wasan. Mai rabawa ya tuna ya kashe datarsa, in ba haka ba wayoyin abokai za su shanye masa forfe da sauke hotuna da bidiyon WhatsApp.

Na uku, ga wanda ya ce shi dai sai Free Fire ko eFootball, abin yi shi ne rage ci. Buga wasan kansa ba ya cin mega da yawa, don ƙananan bayanai ne ke kai da komo. Masu cinye forfe su ne sabunta wasan, da sauke sababbin taswira da tufafi, da sauran manhajojin da ke aiki a ɓoye. Ku hana Play Store sabunta manhajoji da kansa sai a wifi. Ku kunna tsarin tattalin data da ke cikin saitin Android. Ku kashe saukar bidiyo kai tsaye a WhatsApp. Babbar sabuntawa kuma ku bari sai kun samu wifi, ko forfe na dare in kamfaninku yana da shi.

Ku kuma lura da lambar nan da ke gefen allo mai suna ping. Tana nuna tsawon lokacin da saƙonka ke ɗauka ya je saba ya dawo, da ma'aunin kashi ɗaya cikin dubu na daƙiƙa. In tana ƙasa da 100 wasa zai tafi sumul. In ta haura ɗaruruwa, za ka ga an kashe ka kafin ka ga wanda ya harbe ka. A nan rezo mai tsayawa daram ya fi mai gudu yana yankewa, don haka sauya wurin zama a cikin gida kan yi maganin abin da sayen ƙarin forfe bai yi ba.

Na ƙarshe, wasan da kuke bugawa ba intanet yana ajiye ci gabanku a cikin waya ne kawai. In wayar ta faɗa ruwa, ko aka goge wasan, komai ya tafi. Ranar da kuka samu koneksiyon, ku haɗa wasan da asusun Google ko Facebook daga cikin wasan kansa, don ya ajiye muku a can.

Ga iyaye kuma, ba sai kun iya wasan ba. In yaro ya karɓi waya, ku tambaye shi daga ina ya sauko da abin da ya saka. In ya ce Play Store, da sauƙi. In ya ce wani ne ya turo masa a guruf, kuma wai yana ba da diyamon kyauta, ku karɓi wayar ku goge shi tun kafin a kwana.