KALLON DA BA SHI DA LOKACIN TASHI: HALIN DA 'YAN KASUWARMU KE CIKI A ARTISAN TA INUGU

Duk wanda ya san Kasuwar Artisan ta birnin Inugu, ko tsohuwar da ke cikin gari ko sabuwar da ke bakin babbar hanyar Fatakwal inda ake hada-hadar awaki da raguna, ya san wuri ne na sammako. Manyan motoci kan iso daga Arewa cikin dare ko da jijjifi, kuma kafin gari ya waye masu sauke kaya da dillalai da mahauta da masu shayi kowa ya kama aikinsa. Watau dai barci da wuri yana cikin jarin mutanen wannan kasuwa. To, a 'yan shekarun nan an sami wani baƙo da ke cin wannan jari a hankali, ba tare da an shigar da shi littafin bashi ba. Wannan baƙo shi ne kallo a wayar hannu.

Kafin a ɗora wa kowa laifi, ya kamata mai karatu ya san dalili. Da yawa daga cikin 'yan'uwanmu da ke Artisan, haka nan waɗanda ke unguwannin Hausawa na Anaca da Fatakwal, sun baro iyalinsu ne a Kano ko Katsina ko Sakkwato, wasu ma a Maraɗi. Mutum ya wuni yana ciniki da Ibanci ko Turancin buroka, in dare ya yi ya shiga ɗakin da suke kwana su huɗu ko biyar. Idan irin wannan bawan Allah ya kunna Labarina ko Izzar So, ya ji Hausa tsantsa, ya ga zaure da tabarma da tuwo a kwano, ai kamar ya leƙa gida ne. Wanda bai taɓa zaman baƙunci ba ba zai gane daɗin wannan ba. Saboda haka masu cewa a jefar da waya kawai a huta ba su kawo magani ba.

Abin da ya sauya shi ne, a da kallo yana da lokacin farawa da lokacin tashi, kuma ba mai kallo ne ke yanke su ba. Inugu tana cikin garuruwan da suka fara ganin talabijin a ƙasar nan, don an buɗe tasharta a 1960, shekara ɗaya bayan ta Badun, shekara biyu kafin ta Kaduna. Har bayan da aka haɗe tashoshin ƙarƙashin NTA a 1977, sai da yamma ake buɗe tasha, kuma in dare ya raba a sa taken ƙasa a rufe. Wanda ke son wasan Samanja, ko na Zebrudaya da aka riƙa shiryawa a nan Inugu, sai ya jira ranarsa, ya kalla, a gama, ya tashi. Kaset ya zo ya ɗan sassauta wannan ƙa'ida, da Turmin Danya a Kano a 1990, da kuma Living in Bondage na Ibo a 1992, wanda ya buɗe cinikin da ya sa Titin Iweka na Anaca ya yi suna. Amma ko kaset ɗin yana da ƙarshe, kuma sai an mayar wa mai haya.

Wayar zamani ba ta da wannan ladabi. Kafin wani bidiyo ya ƙare a YouTube an riga an jera na gaba, zai kuma fara da kansa in ba a hana shi ba. TikTok kuwa ba shi da gindi sam, ko mutum zai kwana yana ja da yatsa. Wannan ba kuskure ba ne, da gangan aka gina su haka, domin yawan zaman mai kallo shi ne yawan tallar da za a nuna masa. Shugaban kamfanin Netflix na lokacin, Reed Hastings, ya faɗa a fili a 2017 cewa barci yana cikin abokan gasarsu. Tun da mai kaya ya faɗi haka da bakinsa, sai mai saye ya san da wa yake ciniki.

Bari mu yi lissafi irin na 'yan kasuwa. Wanda ke kallon awa 3 kowane dare, a wata ya ba da awa 90, kusan kwana 4 ke nan cur. A shekara ya haura kwana 45, alhali wani ko mako biyu ba ya samu ya je gida da Sallah. Ga kuɗin data, wanda ya ƙara tsada tun da Hukumar Sadarwa ta Ƙasa ta amince wa kamfanoni ƙarin kashi 50 cikin 100 a Janairun 2025. Ga kuɗin caji, ga na masu tura fina-finai. Kowanne ƙanƙane ne a ranarsa, amma daga aljihun da ake aika wa gida ake zare shi. Asarar da ta fi ciwo kuwa ba a ganin ta a lissafi: Asuba da ke kuɓucewa, da mahauci mai gyangyaɗi riƙe da wuƙa, da direban da ya kwana yana kallo sannan ya ɗauki hanyar Makurɗi da Lafiya da sassafe.

A ganin wannan marubuci, gidan kallon ƙwallo, duk da sukar da yake sha, ya fi kallon kaɗaici alheri ta fuska ɗaya. Wasannin dare na Turai kan fara da ƙarfe 8 ko 9 agogon Nijeriya, kuma bayan kamar awa 2 alƙali ya busa, mai gida ya kashe janareto, kowa ya kama gabansa. An biya kuɗi an san nawa ne, an yi musu an yi dariya da mutane. Illarsa tana wajen cacar ƙwallo da ta maƙale masa, da kuma rashin kula da wayoyin wuta, kamar yadda aka gani a Kalaba a Afrilun 2017, lokacin da babbar wayar lantarki ta faɗo kan wani gidan kallo ta hallaka mutane. Amma wannan tsari na a taru, a kalla, a tashi, abin ɗauka ne.

Ana iya mayar da shi cikin ɗaki. Yawancin fina-finai masu dogon zango mako-mako suke fitowa, kamar yadda Arewa24 ta saba da Daɗin Kowa. Maimakon mutum biyar kowa ya ƙone datarsa a kan abu ɗaya, sai ɗaya ya sauke, a sa rana, a kalla tare bayan Isha'i, in ya ƙare a kashe. Wanda ya san abin da zai kalla tun kafin ya ɗauki waya ya bambanta da wanda ya buɗe ta don ya ga me za ta ba shi. Akwai maɓallin hana bidiyo farawa da kansa, kuma yawancin wayoyi suna da wurin da ke nuna awa nawa aka yi a kan kowace manhaja; ya kamata kowa ya duba nasa sau ɗaya, ko don ya sha mamaki. Dabara mafi sauƙi kuwa ita ce waya ta kwana nesa da shimfiɗa, domin hasken gilashinta da zumuɗin labari duk suna jinkirta barci. Wanda ke fakewa da cewa da ita yake tashi Asuba, ai ladan bai daina kiran salla a Artisan ba.

Sai batun yara, ga waɗanda suka zauna da iyalinsu a Kudu. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawara a 2019 cewa kada a zaunar da yaron da bai kai shekara 2 ba gaban kallo, sannan daga shekara 2 zuwa 4 kada ya wuce awa 1 a rana. Wasu iyaye na ganin fim zai riƙe wa ɗan da aka haifa a Inugu Hausarsa. Zai taimaka, amma fim ba ya amsa tambaya, ba ya kuma gyara wa yaro in ya ce "yarinya ya zo". Wannan aikin uwa da uba ne, da kakar da ke Kano, wadda ake iya kira da rabin datar da za a ƙone a daren.