Samarin Sawaba a Bakin Komadugu

A zamanin Nasara, mutanen Nijar kashi biyu ne: masu haƙƙin ƴan ƙasar Faransa, su ƙalilan, da talakawa waɗanda kumandan ke iya ɗaurewa ba shari'a, ko ya tura su aikin dole. An soke wannan doka a 1946, amma bambanci bai gushe ba.

Abin da ya tara samari ke nan a jam'iyyar Sawaba ta Jibo Bakari: direbobi, teloli, leburori da ƴan makaranta. A ƙuri'ar 1958 suka ce "a'a" ga Janar Dagol, aka rinjaye su. A 1959 aka haramta jam'iyyar, da yawansu suka fita zuwa Gana, Aljeriya da Sin, suka koyi aikin soja.

Cikin Oktoba 1964 suka komo da bindigogi ta iyakoki dabam-dabam. Wani rukuni ya faɗa wa barikin Boso, gabas da Tumur, inda Komadugu ke zuba cikin tabkin Cadi. Sun sa rai talakawa za su tashi tare da su. Ba su tashi ba, tsoro ya fi ƙarfin fushi. Gwamnatin Diori Hamani ta harbe wasu a gaban jama'a a Yamai. Waɗanda suka daɗe a kurkuku, sai bayan juyin mulkin 1974 suka ga gidajensu.