“An Ɗauki Sunanka?”: Tafiyar Kalmar Rajista a Karkarar Kano

Cikin kalmomin da Hausa ta aro daga Turanci, kaɗan ne suka yi nisa cikin karkara kamar rajista. Daga Ɗambatta zuwa Makoɗa, daga Bichi zuwa Kunci da Tsanyawa, da wuya ka sami gidan da ba a ambatarta. Tsohuwar da ba ta taɓa zama a aji ba ta santa, domin da ita ta karɓi katin zaɓe. Matashi ya santa tun ranar da aka rufe masa layin waya. Manomi kuwa yana jin ta duk shekara idan hadari ya fara haɗuwa a gabas, maganar taki ta taso.

A Turanci ana rubuta ta register, asalinta kuma daga Latin ne, daga kalmar da ke nufin abubuwan da aka rubuta aka adana. Ta biyo ta Faransanci kafin ta zauna a Ingila. A can tana da rassa da yawa. Littafin sunaye ne, kuma aikin shigar da suna ne. Akwatin kuɗin kanti ma da ita ake kiransa, haka hawa da saukar muryar mawaƙi, haka kuma irin harshen da mutum yake zaɓa gwargwadon wanda yake magana da shi. Bahaushe ya bar musu duk waɗannan, ya ɗauki reshe ɗaya tak: rubuta suna a littafin hukuma. Sai dai da ya ɗauka ya faɗaɗa shi, har abin da Bature yake rarraba wa kalmomi uku ko huɗu, shiga makaranta da shiga jam'iyya da buɗe layin waya da biyan kuɗin jarrabawa, duk ya zama rajista. Wasu su ce rijista, musamman a bakin Kanawa, kuma duk ɗaya ne.

Ta shigo mana a matsayin suna, ba ta tsayawa a matsayin aikatau sai ta jingina da “yi”. A nan ne ya kamata a kasa kunne. Ɗan birni mai waya a hannu yakan ce “na yi rajista.” Mutumin ƙauye ya fi cewa “an yi mana rajista,” ko kuma “an ɗauki sunanmu.” Ba kuskuren nahawu ba ne, gaskiyar lamarin ce take fitowa a bakinsa: alƙalamin yana hannun wani. Yau fiye da shekara ɗari ke nan haka abin yake.

Rubutu dai ba baƙo ba ne a ƙasar Kano. Ɗaruruwan shekaru kafin Turawa ana rubuta wasiƙu da Larabci, muna da daftari, muna da magatakarda, ana kuma karɓar zakka da kuɗin ƙasa. Abin da ya zo sabo bayan 1903, shekarar da Turawan Ingila suka ci Kano, shi ne a bi gida gida a rubuta kowane baligi da sunansa, a ajiye littafin a ofishin hakimi, a riƙa buɗe shi kowace shekara. A gundumomin da ke kewaye da birni har gonaki aka auna. Malaman taki ne suke bin iyaka suna ƙirga takunsu, a kan wannan awo ake yanka wa mutum abin da zai biya. Mai unguwa ya kai wa dagaci, dagaci ya kai wa hakimi. Wanda sunansa ya shiga littafi, haraji ya hau kansa ko damina ta yi kyau ko ba ta yi ba. Bafillace kuma ana ƙirga masa shanu saboda jangali. Ta hannun waɗannan masu riƙe da littafi aka ɗebi mutane zuwa aikin tilas na haƙar kuza a Jos tsakanin 1942 da 1944, ta hannunsu kuma ake neman yaran da za a kai makarantar boko, iyaye suna ɓoye 'ya'yansu a rumbu ko su tura su gabas karatun allo.

Saboda haka kakanninmu ba su ƙi rubuta suna don duhun kai ba, kamar yadda wasu 'yan boko suke saurin faɗa. Sun ƙi ne don sun ga abin da yake biyo baya.

Juyin ya zo cikin 'yan shekaru kaɗan. A 1976 aka fara shirin ilimin firamare kyauta ga kowa, azuzuwa suka tashi a ƙauyukan da ba su taɓa ganin allon bango ba, malami yana kiran suna kowace safiya. A wannan shekarar ce matan Arewa suka fara jefa ƙuri'a, haƙƙin da su Hajiya Gambo Sawaba suka sha ɗauri a kansa. Sannan a 1979 gwamnatin PRP ta Muhammadu Abubakar Rimi ta soke haraji da jangali a Jihar Kano. Daga nan littafin hukuma ya daina zama abin gudu. Suna a takarda ya fara nufin ƙuri'a, ya fara nufin gurbi a makaranta, daga baya ya fara nufin rabo.

Abin da ya biyo baya kowa ya gani da idonsa. Rajistar masu zaɓe da kwamfuta a farkon 2011, zamanin Farfesa Attahiru Jega. Rajistar layukan waya a wannan shekarar. Lambar BVN ta banki a 2014. Lambar ɗan ƙasa ta NIN, wadda aka wajabta haɗa ta da layin waya a Disambar 2020, aka kuma sa ta cikin sharuɗɗan jarrabawar JAMB daga 2021. Kowacce da ofishinta, kowacce da layinta, kowacce sai an sake ɗaukar hoto da yatsu kamar ba a taɓa ganin mutumin ba.

Amma wadda ta fi sauya ma'anar kalmar a kunnen manomi ita ce ta 2012. A shekarar ne ma'aikatar gona ta tarayya, ƙarƙashin Akinwumi Adesina, ta kawo tsarin GES. Manomi zai ba da sunansa da lambar wayarsa, saƙo ya shigo masa, ya je cibiyar da aka ware ya biya rabin kuɗi ya ɗauki buhu biyu na takin zamani, a haɗa masa da iri. Sai wanda ya san wannan yanki zai gane nauyin buhu biyu. Tun 1965 Michael Mortimore da abokin aikinsa Wilson suka bayyana yadda karkarar da ke kewaye da Kano take a cike maƙil, gona na manne da gona, babu sauran daji, babu gonar da ake bari ta huta. Kowace shekara ƙasa ɗaya ake nomawa, gero da dawa da wake da gyaɗa, abin da yake riƙe ta kuwa shi ne takin gida da tokar murhu da sharar birni da jakuna suke kawowa a mangala. A irin wannan ƙasa taki ba ƙari ba ne, shi ne noman. To ga shi an ce suna a takarda yana kawo taki. Wasu sun samu, kuma sun shaida. Wasu saƙon bai taɓa shigowa ba, ko don babu waya, ko don babu sabis, ko kuma ya shigo bayan gero ya yi bununi. Shirin ya ja da baya bayan 'yan shekaru, wasu suka biyo sawunsa, irin bashin manoma na Babban Banki da aka ƙaddamar a Kebbi a 2015 da kundin masu ƙaramin ƙarfi na tallafin kuɗi. Darasin da ƙauye ya ɗauka dai ɗaya ne: kada a yi rubutu babu kai.

A ganina a nan matsalar take. A bakin ma'aikaci, rajista lissafi ce: an san da kai, shi ke nan. A kunnen manomi kuwa alƙawari ce. Shi ya sa za ka ji dattijo yana cewa, “Sau nawa ana ɗaukar sunanmu, har yau ba mu ga komai ba,” kuma yana faɗa ne da zafin wanda aka ci wa bashi. Ma'aikacin yana ganin bai yi ƙarya ba, dattijon yana ganin an yaudare shi, kuma wanda ya fi cin ribar wannan saɓani shi ne ɗan damfara. Ya zo ranar kasuwa da jaka da tarin fom, ya ce tallafi ne daga Abuja, kuɗin rajista kaza, a kawo hoto biyu da lambar BVN. Mutanen da kakanninsu suke tserewa daga malamin haraji, yau su ne suke bin baƙo da kuɗinsu suna roƙon ya rubuta su. Wannan abu yana ci mini rai, domin masu asarar su ne waɗanda ba su da rarar da za su yi asara.

Ko rajistar gaskiya ma ba a gina ta da siffar mutumin karkara ba. Je ka tsaya a harabar wata firamare ranar da ake yi. Tebur ɗaya a ƙarƙashin darbejiya, janareto yana kuka, an rataya farin zane a bango don ɗaukar hoto. Dattijo ya ɗora babban yatsansa a kan gilashin na'ura, ta ƙi karɓa. Shekara hamsin yana riƙe da ƙotar fartanya, zanen yatsan ya shafe.

“Baba, a ɗan goge hannun a sake ɗorawa.”

“To, yaro. Ga shi.”

A wanke da ruwa, a shafa mai, a gwada wani yatsan. Ba shi kaɗai ba ne, ko Shugaba Goodluck Jonathan na'urar tantancewa ta ƙi shi a Otuoke ranar zaɓen 2015, sai dai shi ba a ce masa ya je ya dawo gobe ba. Bayan yatsa sai shekaru. An tambayi Baba ranar haihuwarsa, ya ce an gaya masa shekarar da Sarki Alhaji ya rasu ne, ma'aikaci ya yi lissafi ya sami 1953, rana da wata kuwa ya cike da 1 ga Janairu. A layin mata wata matsalar ce daban. An ce wa Inna ta faɗi sunan maigidanta ko na ɗanta na fari, ta sunkuyar da kai, domin kunya ba ta bari ta ambata, sai wata a bayanta ta faɗa a madadinta. Fom ɗin bai san alkunya ba. Bai kuma san cewa Bahaushe ba shi da sunan dangi irin na Bature ba. Tun a makarantun boko na farko aka riƙa cike wannan gurbi da sunan gari ko na unguwa, shi ya ba mu Aminu Kano da Magaji Ɗambatta da Tanko Yakasai. Yau wani ma'aikacin zai sa sunan uba, wani na kaka, wani na gari. Wannan ya rubuta Muhammad, wancan Mohammed, na uku Mamman yadda ya ji ana kira. Mutum ɗaya ya tashi da suna uku a kundi uku, ranar da banki ya ce ba su dace ba kuma shi za a tura rantsuwa kotu, da kuɗin motarsa da yinin aikinsa.

Yawan suna a kundi ma ba ya nufin yawan amfani da shi. A zaɓen 2023 Jihar Kano tana da masu rajista 5,921,370, Legas kaɗai ta fi ta, amma waɗanda suka jefa ƙuri'a a zaɓen shugaban ƙasa ba su kai kashi ɗaya cikin uku ba. Da yawa katin shaida suke nema, ba akwatin zaɓe ba.

Abin da ya fi damuna shi ne rajista biyu da suka fi kowacce amfani, kuma su ne babu mai layi a kansu, don babu buhu a bayansu. Ta farko ita ce ta haihuwa. Hukumar ƙidaya ta ƙasa ce take ba da takardar, kyauta ce ga jariri, kuma ita ce maganin duk ruɗanin suna da shekaru da na ambata. A ƙauyukanmu mata da yawa a gida suke haihuwa a hannun ungozoma, ranar suna liman ya yi addu'a, a yanka rago, a watse, babu wanda ya rubuta komai. Ga mai unguwa a zaune a wurin, ga liman mai alƙalami. Da za a ba su littafi a haɗa su da ma'aikacin hukumar da ke ƙaramar hukuma, da an gama aikin a zaure ɗaya, da sunan da uba ya raɗa da bakinsa.

Ta biyu ita ce ta gona. Dokar filaye ta 1978 ta ba ƙaramar hukuma ikon ba da takardar mallaka ta gargajiya a kan filayen karkara, amma gonaki nawa ne a Minjibir ko Dawakin Tofa suke da ita? Yawancinsu shaidarsu layin gamba ne ko shingen bini-da-zugu, da ƙwaƙwalwar dattawan da suka ga rabon gado. Ciniki da jingina kuwa takarda ce guda da mai unguwa da dagaci suka sa wa hannu, tana naɗe a ƙasan akwati. Wannan ya wadatar muddin kowa ya san kowa. Yanzu birni yana tahowa ta Ungogo da Dawanau, gona tana zama fuloti, masu saye baƙi ne, dattawan da suka san iyaka kuma suna ƙarewa. Ranar da rigima ta kai gaban alƙali, mai takardar hukuma yana da abin nunawa, magada kuwa sai su fara neman wanda ya rage da rai cikin shaidun ubansu.