Adamu Halilu: daga majigi zuwa Shehu Umar

A Gombe akwai unguwar da har yau ake kira BCGA, sunan ƙungiyar Turawa masu harkar auduga. Audugar nan tana da hannu a tarihin fim ɗin Hausa. Tun kafin a san Kannywood, motar majigi ce ke shiga gari bayan magariba, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada, a nuna wa manoma fim ɗin Baban Larai domin su gyara noman auduga. Gwamnati ke biya, ita ke zaɓen abin da za a faɗa.

A wannan makaranta Adamu Halilu ya tashi. An haife shi a Garkida, ƙasar Adamawa, a 1936. Ya koyi rubutun fim da tace hoto a Turai, ya dawo sashen fina-finai na gwamnatin Arewa yana shirya fina-finan wayar da kai, irin su Mama Learns a Lesson na 1963. Aiki ne da ba ya jawo suna, amma a nan mutum ke sanin darajar kowane ƙulli na fim, don a lokacin ba a ɗauka a goge.

A 1976 ya fito da Shehu Umar, daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mayar wasan kwaikwayo. Ladan ɗin ne ya fito a matsayin Shehu, yaron da aka sace, aka ƙetara Sahara da shi, uwarsa na biye tana nema. Fim ne na sama da awa biyu, da Hausa, shekara 14 kafin fim ɗin Kannywood Turmin Danya na 1990. Kanta of Kebbi ya biyo baya, daga bisani kuma ya shugabanci Hukumar Fina-finai ta Najeriya da ke Jos.

Sai dai fim ɗin da gwamnati ta biya, a ɗakin ajiyarta yake kwana. Ba ɗan kasuwar da jarinsa ke ciki balle ya zaga da shi gari-gari. Halilu ya rasu a 2001, Shehu Umar na kulle. Sai a 2016 aka gano faifansa a ma'ajiyar hukumar, cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka haska shi a bikin fina-finai na Berlin a 2018. Jamusawa sun riga yawancin matasan Gombe kallonsa, alhali marubucin littafin ɗan tsohon Lardin Bauchi ne, lardin da Gombe take ciki a zamaninsa.