HOTON CIKI: SANIN MAZAUNIN MABIYIYA YA FI SANIN NAMIJI NE KO MACE

Hausawa sun ce haihuwa yaƙin mata. A ƙasar Mafara da Bakura da Maradun, tsofaffin mata ba su cika gaggawar yin barka ba don kawai jariri ya faɗo. Sukan dakata tukuna har mabiyiya ta biyo baya, watau wadda suke kira uwa, sa'an nan su ce an sauka lafiya. Sun daɗe suna ganin yadda mace kan haifi ɗa lafiyayye, amma kafin rana ta faɗi jini ya tafi da ita.

Likitocin zamani sun gaskata tsofaffin a kan wannan batu. Wani nazari da Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar cikin 2014 ya nuna cewa fiye da kashi ɗaya cikin huɗu na matan da ke rasuwa ta dalilin ciki da haihuwa, zubar jini ne ajalinsu, kuma sau da yawa mabiyiya ce tushen zubar jinin. A Nijeriya, babban binciken lafiyar jama'a na 2018 ya ƙiyasta cewa mata 512 ke rasuwa cikin kowace haihuwa 100,000. Binciken ya kuma gano cewa a jihohin arewa maso yamma, inda Zamfara take, haihuwa 16 kacal cikin ɗari ake yi a asibiti.

Akwai na'urar da ke iya nuna mazaunin mabiyiya tun watanni kafin naƙuda, ita ce na'urar hoton ciki, wadda jama'a ke kira sikanin. Abin takaici shi ne, da yawa daga masu zuwa ɗaukar hoton, tambayarsu ta fari ita ce namiji ne ko mace, ta biyu kuwa ko tagwaye ne. Kaɗan ne ke tambayar inda mabiyiya ta zauna, alhali kuwa a kan amsar wannan tambaya ran uwa ya rataya.

AIKIN MABIYIYA

Mabiyiya wani nama ne mai faɗi kamar faifai, wanda ke tsira a jikin bangon mahaifa tare da ɗan tayi. In ciki ya tsufa nauyinta yakan kai rabin kilo ko ya ɗan ɗara, faɗinta kuwa wajen santimita 20. Igiyar cibiya ce ta haɗa ta da jariri. Ta nan yake samun abinci da iskar numfashi daga jinin uwarsa, ta nan kuma yake mayar da dattin jikinsa. Ita ce huhunsa, ita ce hanjinsa, ita ce ƙodarsa har ranar da zai fito duniya.

Saboda girman wannan aiki, jini mai yawan gaske ke kwarara zuwa gare ta. A watan haihuwa, fiye da rabin lita ke ratsa wurin a kowane minti, ga shi kuwa jinin jikin mai ciki duka wajen lita shida ne. Mai karatu zai iya yin lissafin da kansa. In jijiyoyin wurin suka buɗe babu abin da ya tsayar da su, ba a maganar kwana, ana maganar sa'o'i kaɗan ne, wani lokaci ma mintoci.

YADDA AKA SAMO NA'URAR

Wani likitan mata mai suna Ian Donald, na Jami'ar Gilasgo ta ƙasar Sikotilan, shi ne ya buɗe wannan hanya. Ya lura da wata na'ura da masana'antu ke amfani da ita wajen gano tsaguwa a cikin ƙarfe, sai ya yi tunanin gwada ta a jikin ɗan Adam. Shi da wani injiniya, Tom Brown, da likita John MacVicar suka bayyana sakamakon aikinsu cikin 1958. Bayan shekara goma, cikin 1968, Donald da Usama Abdulla suka bayyana yadda suke gano mazaunin mabiyiya da ita.

Na'urar sauti take aikawa, mai tsananin kaifi wanda kunne ba ya ji. Sautin yakan bugi abin da ke cikin ciki ya dawo kamar amsa-kuwa, na'urar ta mayar da shi hoto a kan allo irin na talabijin. Ba a yanka, ba a allura, kuma babu hasken nan na hoton ƙashi wanda ake hana masu ciki. Mai ne kawai mai santsi ake shafawa a ciki, a ɗora kan na'urar a yi ta zagayawa. Tun 2016 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawara kowace mai ciki ta je awo sau takwas, kuma a ɗauki hoton cikinta aƙalla sau ɗaya kafin ya cika mako 24, watau wajen wata biyar da rabi.

IN MABIYIYA TA TARE HANYA

Bisa ga al'ada mabiyiya a sashen sama na mahaifa take zama, ta bar ƙofa a buɗe domin jariri ya riga ta fita. Amma wajen mace ɗaya cikin ɗari biyu takan kai watan haihuwa mabiyiyarta na zaune a ƙasa, ta rufe bakin mahaifa, ko dai duka ko wani sashe. Sa'ad da ƙasan mahaifa ya fara miƙewa a watannin ƙarshe, sai mabiyiyar ta soma ɓanɓaruwa, jini ya ɓalle.

Alamar wannan larura ita ce jan jini garau, ba tare da ciwon mara ko na baya ba. Sau da yawa yakan zo cikin dare, mace ta farka ta ga zanenta ya jiƙe. Na farkon yakan tsaya da kansa, kuma a nan ake ruɗuwa, a ce ai ya wuce. Na biyu ko na uku shi ne ke zuwa da ƙarfi. Larurar ta fi samun matan da suka yi haihuwa da yawa, da waɗanda shekarunsu suka ja, da masu ɗauke da tagwaye, da waɗanda aka taɓa yi wa fiɗa. Babban haɗari kuwa shi ne ungozoma ko wani ma'aikaci ya sa hannu domin duba bakin mahaifa. Yatsa ɗaya ya isa ya yage mabiyiyar. Saboda haka ƙa'idar likitoci ita ce, mai ciki da ke zubar da jini ba a sa mata hannu sai an san inda mabiyiya take.

A nan amfanin hoto ya fi bayyana. In an ɗauka a wata na biyar aka ga mabiyiya ta rufe ƙofar, ko tsakaninta da ƙofar bai kai santimita 2 ba, akan ce wa mace ta komo a mako na 32 a sake dubawa. Kada wannan ya tayar da hankalin iyali, domin wajen tara cikin goma na waɗanda aka gani ƙasa-ƙasa a farko, girman mahaifa yakan ja su sama kafin lokacin. Wadda tata ta ci gaba da rufe ƙofa kuwa, ba ta da hanyar haihuwa sai fiɗa, kuma akan tsara ranar tun kafin naƙuda ta taso, galibi a mako na 36 zuwa na 37, da jini a tanade. Watau hoton ya ba iyali sanarwar wata guda ko fiye.

WADDA TA KAFE

Akwai kuma mabiyiyar da ke kafewa cikin naman mahaifa kamar saiwar itace, ta ƙi rabuwa bayan haihuwa. Wannan ya fi faruwa in ta zauna a kan tabon fiɗar baya. Wani bincike da aka buga a Amurka cikin 2006 ya nuna cewa, a cikin matan da mabiyiyarsu ta tare hanya, 11 cikin ɗari na waɗanda aka yi wa fiɗa sau ɗaya a baya sun gamu da kafewar, waɗanda aka yi wa sau biyu kuwa 40 cikin ɗari. Ƙwararren mai ɗaukar hoto yana iya ganin alamunta, musamman da fasahar Dofla mai nuna gudun jini da launi. Irin wannan haihuwa ta manyan asibitoci ce, kamar Cibiyar Lafiya ta Tarayya da Asibitin Ƙwararru na Yariman Bakura da ke Gusau, ko Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da ke Sakkwato, domin takan ci jini leda da yawa, wani lokaci har sai an cire mahaifar. Duk macen da ke da tabon fiɗa wajibi ne ta faɗa wa mai ɗaukar hoto, ko da bai tambaya ba.

ABIN DA HOTO BA YA GANI

Kuskure ne a ɗauka cewa takardar sikanin laya ce. Akwai larurar da takan auko ba sallama, ita ce ɓallewar mabiyiya daga bangon mahaifa tun jariri na ciki, wadda ke samun kusan mace ɗaya cikin ɗari. Alamunta sun bambanta da na wadda ta tare hanya. Ciwo ne mai tsanani, ciki ya sandare kamar itace, jinin da ke fita ya yi duhu, motsin jariri ya ragu ko ya ɗauke. Wani lokaci jinin ba ya fitowa sam, a bayan mabiyiya yake taruwa, sai dai a ga mace na gumi, tana haki, idonta ya yi fari.

Hoton wata na biyar ba ya hango wannan, kuma ko a ranar da abin ya faru na'urar takan kasa ganinsa a lokuta da yawa. Likita da alamun jiki yake ganewa. Abin da ya fi jawo shi shi ne hawan jini na masu ciki, wanda kuma ke kawo jijjiga, sai faɗuwa ko bugu a ciki. Maganin tun da wuri shi ne awon jini da gwajin fitsari a kowane zuwa awo, aikin da ƙaramin ɗakin shan magani ma zai iya yi. Ƙa'idar dai guda ce: jini ko ciwo mai tsanani ga mai tsohon ciki, a nufi asibiti nan take, kome kyawun hoton da aka ɗauka a baya.

RUWAN BAKOLORI DA SAURO

Madatsar ruwa ta Bakolori, wadda aka kammala cikin 1978 a kan gulbin Sakkwato, ita ce ta haɗa waɗannan ƙananan hukumomi uku a kan noman rani. Inda ruwa ke kwance rani da damina kuwa, sauro ba ya yankewa. Ƙwayar zazzaɓin cizon sauro tana da ɗabi'ar taruwa a cikin mabiyiya, musamman a cikin fari, har ma macen ba ta jin zazzaɓi. Sakamakon haka shi ne ƙarancin jini ga uwa, da rashin isar abinci ga jariri, a haife shi ɗan mitsitsi. Mace mai ƙarancin jini kuwa, zubar da wata za ta jure ita takan kayar da ita. Hoto yana nuna jaririn da girmansa ya gaza watanninsa, Dofla kuma ta auna gudun jini a igiyar cibiya. Rigakafin yana wurin awo: gidan sauro, da ƙwayar ƙarin jini, da maganin nan da aka fi sani da Fansidar, wanda ake farawa bayan wata uku, a sha wata-wata, aƙalla sau uku.

Bayan haihuwa kuma, in mabiyiya ta wuce rabin sa'a zuwa sa'a guda ba ta fito ba, ko ta fito da giɓi, ba a tsaya hura kwalba ko zura muciya a maƙogwaro, kuma jan igiyar cibiya da ƙarfi yana iya tsinke ta ko ya juyo da mahaifa waje. Asibiti na da allura da ƙwayoyin da ke matse mahaifa, hoto kuma yana nuna ko akwai saura.

BA A FAFE GORA RANAR TAFIYA

Farfesa Kelsey Harrison ya bi diddigin haihuwa 22,774 da aka yi a asibitin Jami'ar Ahmadu Bello da ke Zariya daga 1976 zuwa 1979, ya buga rahotonsa cikin 1985. Ya gano cewa mutuwa ta fi yawa nesa ba kusa ba a cikin matan da ba su taɓa zuwa awo ba, sai da rai ya yi halinsa aka kawo su. Wannan darasi ya fi nauyi a yammacin Zamfara, inda matsalar 'yan bindiga ta sa tafiyar dare ta zama kasada. Cikin watan Satumba na 2021 ma an rufe layukan wayar salula a jihar har tsawon makonni, ba a iya ko kiran mai mota. Macen da ke ƙauye a ƙasar Maradun ko Bakura, wadda jini ya ɓalle mata da tsakar dare, tsakaninta da ɗakin fiɗa akwai neman izinin maigida, da neman abin hawa, da hanya, da neman mai ba da jini.

Sanin mazaunin mabiyiya yana ba da damar a yi duk waɗannan da rana tsaka, cikin natsuwa. Al'adar goyon ciki ta riga ta saba wa jama'a da mace ta bar ɗakinta ta je haihuwa wani gida. Wadda aka ce mabiyiyarta ta tare hanya sai ta tare gidan dangi a Talata Mafara ko Gusau tun wata na takwas, kusa da asibitin da aka tabbatar yana fiɗa kuma yana ƙarin jini. 'Yan'uwa biyu ko uku su je a gwada jininsu tun da wuri. Maigida ya bar izini a buɗe ko ba ya gari, ya kuma ajiye kuɗin mota. Motocin da ke shigowa cin kasuwar Talata suna iya ɗauko mai zuwa awo kamar yadda suke ɗauko buhun shinkafa.

Akwai kuma hakki a wuyan hukuma. Na'ura ba ta da amfani in babu wuta, kuma ba ta fin ilmin mai riƙe da ita. Ya kamata Ma'aikatar Lafiya ta jiha ta horar da ungozomomin asibiti a kan ɗaukar hoton farko, ta sa ido a kan masu ɗaukar hoto na kuɗi, ta kuma wajabta a rubuta mazaunin mabiyiya a kowace takarda. Ma'aikatan gwamnati da ɗalibai, irin na Kwalejin Fasaha ta Abdu Gusau, su ne galibi ake miƙa wa takardar asibiti a gida domin su karanta. In an miƙo musu ta sikanin, su nemi layin da ya yi maganar mabiyiya, su tambayi ma'aikacin lafiya ko a sama take ko a ƙasa, da kuma ranar da aka ce a komo.