Me Ya Sa Lamba Mai Sifiri A Kafaɗa Ta Ke Zama Ɗaya?

'Yan'uwana masu koyon aikin malanta, akwai wata tambaya da yara su kan yi a ajin lissafi, malamai kuwa da yawa su kan sallame su da cewa, "Haka doka ta ce." A ganina wannan amsa ba ta kamaci malami ba, gama yaron da aka hana shi dalili haddacewa kaɗai zai yi, ran jarrabawa kuwa sai ya rubuta 5⁰ = 0, ya faɗi.

Ƙaramar lambar nan da a ke ɗora wa wata lamba a kafaɗa, Turawa suna ce da ita pawa (ba fawar mahauta ba fa). Aikinta shi ne ta faɗi sau nawa a ke riɓanyawa. Watau 2³ shi ne 2 × 2 × 2, wato 8, ba 2 × 3 ba.

Ga yadda na ke nuna wa yaran da na ke gwajin koyarwa da su a nan Jalingo. Na kan ba ko wane yaro falle ɗaya na takarda, in ce ya ninke shi biyu. Ya zama riɓi 2, shi ne 2¹. Ya sake ninkewa, riɓi 4, shi ne 2². Na uku, riɓi 8. Sa'an nan in ce su warware, su riƙa ƙirgawa: 8, 4, 2. Ko wace warwarewa tana raba adadin biyu. To, da aka warware ninki na ƙarshe, ba sauran ninki ko ɗaya, me ya rage a hannu? Takardar ba ta ɓace ba. Falle ɗaya na nan. Ashe sifirin nan ninki ya ke ƙirgawa, ba takarda ba. Saboda haka 2⁰ = 1.

Kuɗi ma su kan taimaka. Naira 1,000 ita ce 10³, naira 100 ita ce 10², naira 10 ita ce 10¹. Duk takin da aka yi ƙasa, rabawa a ke yi da goma. Taki na gaba dole ya sauka a kan naira 1, ko da ya ke yau ba ta sayen ko ƙwayar gyaɗa a kasuwa.

Ga manyan yara kuwa akwai hujja wadda ba ta da makawa. In za a raba 3⁵ da 3², ɗebe na kafaɗa a ke yi, 5 ban da 2, a sami 3³. To, a raba 3² da 3². Ta hanyar ɗebewa an sami 3⁰. Ta hanyar rabawa kuwa 9 ne aka raba da 9, amsa 1. Lissafi ɗaya ba ya da amsa biyu, don haka 3⁰ da 1 abu guda ne.

Wannan ba sabon abu ba ne. Wani Bafaranshe, Nicolas Chuquet, ya yi aiki da sifiri a matsayin pawa tun 1484, René Descartes kuma ya yaɗa rubuta ta a kafaɗa a 1637.

Amma ku yi hattara da yaro mai wayo, zai tambaye ku 0⁰. Hujjar rabawa ba ta aiki a nan, domin ba a raba kome da sifiri. Ku gaya masa dokarmu ta shafi ko wace lamba ban da sifiri kansa.