Ko Kun Sani? Iyalan da Suka Tare a Barikokin Soja

Ko kun san cewa a shekarar 1946 kusan mutum 40,000 a Ingila da Wels sun kwashi komatsansu sun tare a sansanonin soja fiye da 1,000 da aka bari ba kowa, ba tare da izinin hukuma ba? Da yawansu tsofaffin sojoji ne da suka dawo daga Yaƙin Duniya na Biyu suka tarar ba wurin sa haƙarƙari, sai cunkoso da mata da 'ya'ya a gidan surukai.

Ɗakunan da suka shiga rumfuna ne na kwano masu lanƙwasasshen rufi, sanyi kamar me. Haka suka share, suka raba ɗaki da bargo ko labule, wasu har suka kafa kwamiti suna tara kuɗin haya tun kafin a tambaye su.

Abin da ya jawo ƙarancin gidajen shi ne bama-baman Jamus sun rusa gidaje fiye da 200,000, gini kuma ya kusan tsayawa cak tsawon shekara shida na yaƙin. Gwamnati ta ga korar waɗannan iyalai ba za ta yiwu ba, sai ta miƙa sansanoni da dama ga ƙananan hukumomi, aka ja ruwa da lantarki. Wasu iyalan sun ci gaba da zama a can har cikin shekarun 1950.